Ɗaukakar da Ta Kai Ni Abuja

Tun da na dawo ban huta ba. Mai zuwa aron turmi sai ta nemi wuri ta zauna ta ce, "Inna, yaya Abuja?" Mai zuwa barka da dawowa ta tambaya, har mai kawo mini ruwa a kura ya tambaya. Na faɗa, na sake faɗa, har maƙogwarona ya bushe. Kuma na lura labarin yana fita daga gidana da ƙafa biyu ya dawo da huɗu, don a gidan suna a Babban Giji na ji ana cewa wai na mari alƙali. Shi ya sa na zaunar da Malama Saude ta Islamiyyarmu, na ce ta ɗauki biro, yadda na faɗa haka za ta rubuta, kada ta gyara mini magana. Ban yi boko ba, amma ba a taɓa yin gyangyaɗi ina ba da labari ba.

Ɗana na fari ma'aikacin gwamnati ne a Abuja. Sunansa ba zai fito daga bakina ba, kun san yadda muka tashi, uwa ba ta kiran sunan ɗan fari. Yaron nake ce masa, ko da yake furfura ta cinye masa gemu. Aikinsa duba rijiyoyin burtsatse kafin a biya 'yan kwangila. To wani ɗan kwangila ya je ya ce wai sai da ya ba Yaron toshiyar baki kafin ya sa masa hannu. Hukumar da ke kama masu cin hanci ta kai shi kotu, aka dakatar da shi daga aiki, ya kwaso iyalinsa ya dawo Kano ya kama haya a Daurawa. Aka yi ta shari'a shekara da shekaru. Ranar da kotu ta ce babu hujja, ta sallame shi ta wanke shi, na soya waina na raba tun daga layinmu na Gyadi-Gyadi har bakin titi.

Ni kuwa na san wanki. Da wankin fararen kayan nas-nas na asibitin da ke kusa da mu na yi wa Yaron kuɗin makaranta bayan rasuwar mahaifinsa Malam. A nan ma na samo masa matarsa Hadiza, tun tana ɗaliba tana kawo mini kayanta a leda. Abin da na sani shi ne, in an wanke abu an shanya, an gama.

Wata rana na je Daurawa ganin jikokina, sai na ji Hadiza a kicin tana waya ƙasa-ƙasa. Na tsinci "ɗaukaka", na tsinci "Abuja", na tsinci "manyan alƙalai za su zauna ranar Alhamis". Da ta fito na ce, "Hadiza, wa za a ɗaukaka?"

Ta sunkuyar da kai. Ta ce, "Abban Hanifa ne, Inna. Ɗaukaka ƙara ce."

Kada ku ce ban taɓa jin kalmar a rediyo ba. Na ji, a bakin 'yan siyasar da suka faɗi zaɓe. Amma wancan ai wanda aka kayar ne yake kai kukansa gaba. Wanda kotu ta wanke, me za a kira shi a yi masa in ba ban haƙuri ba? Sai kunnena ya raba maganar gida biyu: ga ɗaukaka, ga kuma ƙari. Na ce, "Wato har da ƙarin girma?" Hadiza ta san hawan jinina, ita ke auna ni. Sai ta ce, "Allah dai ya sa alheri, Inna." Na ce amin, na tafi gida ina taku ɗai-ɗai.

Kafin la'asar babu wanda bai ji ba a Gyadi-Gyadi. Na kai leshi wajen tela, na sa aka yi mini ƙunshi. Sannan na zauna na yi alkaki da hannuna, da zuma ba da sukari ba, na cika babbar samira. Ai ba a zuwa gaban manya hannu rabbana. Mutane za su mayar wa ɗanka mutuncinsa, ka je ka tsaya musu da baki kawai?

Yaron ya riga ya yi gaba don ya gana da lauyarsa. Hadiza ta yi ta kawo mini dalilan da za su hana ni zuwa, hanya ce, gwiwata ce, maganina ne. Na ce, "Ranar da aka kunyata shi ina ɗaki ina kuka. Ranar da za a ɗaukaka shi kuma sai in zauna ina jiran labari a bakin mutane? In ba za ki kai ni ba, na san hanyar tasha." Dole ta nemi hutu a wajen aiki.

Ranar Laraba da hantsi muka hau adaidaita zuwa tashar Unguwa Uku. Ɗan kamasho ya so ya ɗora samirata a bayan mota tare da buhunan albasa, na ce sai dai ya ɗora ni tare da ita. A cinyata ta yi tafiyar. Ni ban taɓa wuce Wudil ba a rayuwata, don haka da muka wuce Kwanar Dangora direba ya ce, "To Inna, kin fita daga ƙasar Kano," sai na leƙa ta taga in ga bambancin. Dawa ce dai irin tamu, awaki irin namu. Na ce ashe iyakar a bakin direbobi take.

Can gaba muka tarar da shinge. Na ga direba ya dunƙule hannu ya miƙa, mai kakin ya karɓa ko kallon abin bai yi ba, kamar gaisuwa suka yi. Na ce a raina, wannan fa ba wanda ya kai su kotu. Mai kakin ya leƙo ya ga samira, ya ce, "Mama, mene ne a ciki?"

Na ce, "Alkakin alƙalai ne."

Ya yi dariya, ya ɗauka sunan wani sabon samfurin alkaki ne, ya ce mu wuce. Hadiza kuwa ta matso kusa da kunnena. Ta ce, "Inna, don Allah ki daina faɗin haka." Na ce, "Ƙarya zan yi masa?"

A Kaduna muka sauka muka nufi Rigasa, don Hadiza ta ce jirgin ƙasa ya fi kwanciyar hankali. Tikitin ma a cikin wayarta yake, aka haska aka ce mu shige. Jirgin nan sanyi ne da shi kamar ɗakin ajiye magani, sai da na naɗe ƙafafuna da mayafi. Amma ga kujera mai laushi, ga banɗaki a ciki, ba gargada. Na ce in haka tafiya take, ai an daɗe ana cutata.

Kusa da ni wata mata ce, ja, ƙatuwa, mai haƙorin Makka. Ta ce sunanta Hajiya Larai, Bazazzagiya, atamfa take kai wa matan ma'aikata. Muka gaisa, ta yaba ƙunshina, ta ce biki za a je? Na gyara zama na ba ta labari tun daga farko. Hadiza tana ta taɓa mini gwiwa, ina ture hannunta.

Hajiya Larai ta daina tauna gyaɗarta. Ta ce, "Inna, ɗaukaka ƙara kika ce? Wa ya ɗaukaka?"

Na ce, "Gwamnati mana."

Ta dubi Hadiza, Hadiza ta dubi taga. Sai ta ce, "Baiwar Allah, ba ku gaya mata ba? Inna, ba girma za a ba shi ba. Hukumar ce ba ta yarda da wankewar ba, ta kai ƙara kotun sama a sake dubawa. Nawa mijin haka aka yi masa. Kotun farko ta sake shi, muka yanka rago, ta biyu ta ce a mayar da shi. Sai da ya yi zaman gidan yari."

Da bakina ya buɗe, abin da ya fito shi ne, "Shi mijin naki, ya ci ɗin?"

Ta ce, "Ya ci mana, Inna. Da me kike tsammani na fara sarin atamfa?" Ta ci gaba da tauna gyaɗarta.

Hadiza ta fara hawaye tana ba ni haƙuri. Na ce ta share fuskarta, mutane na kallo, mu ba a san mu da kuka a mota ba. Ashe wannan tafiya da na yi wa ƙunshi, mai yiwuwa rakiya ce zuwa kurkuku. Ga shi na cika unguwa da shela.

Da na ɗan dawo hayyacina na ce, "To ai yanzu ne ma alkakin zai yi amfani. Sai a kai musu tun yau, su san yana da uwa."

Hajiya Larai ta kusa shaƙewa da gyaɗa. Hadiza ta riƙe hannuna ta ce, "Inna, abin da ake tuhumarsa da shi ke nan. In aka ga kwanon nan ya doshi ɗakin alƙali, ko bai ci ba ya ci."

Na ce, "Gaisuwa ce fa. Tun kakanninmu ake gaida manya."

Ta ce, "Gaisuwa ce a Gyadi-Gyadi. A can sunanta daban."

Na juya maganar a raina. Gaskiya ne da niyyar godiya na murza alkakin nan. Amma yanzu da na ce a kai, me nake so su yi mini? Na san amsar, don haka na bar zancen kai alkakin har muka sauka a tashar Kubwa ta Abuja.

Masaukin da Yaron ya kama mana otal ne. Makullin ɗakin wani kati ne, na fita leƙen baranda ƙofa ta rufe ni a waje ba ɗankwali, sai da Hadiza ta fito daga wanka. Banɗakin kamar a ci tuwo a ciki don tsafta, amma babu buta. Gari guda, ga fitilu ga benaye, a rasa buta. Allah ya sa na taho da tawa a jaka, wadda Hadiza ta yi ta yi mini dariya a kanta a Kano. Alƙibla ma sai da waya ta nuna mana, ta nuna kusurwar da firji yake. Mutanen wurin kuwa ba sa gaisuwa. Na yi wa wani mutum sannu a matakala, ya tsaya yana jira in faɗi abin da nake so. Abinci aka kawo sakwara da miyar agushi. Ba zan yi musu ƙarya ba, miyar ta yi daɗi, sai dai yaji kamar da faɗa aka zuba, kuma naman sai ka yi da gaske.

Bayan magariba Yaron ya zo. Ya durƙusa ya gaishe ni, ya rame, wuyan rigarsa ya yi masa yawa. Ya fara cewa bai so na sha wahalar hanya ba. Na ce Hadiza ta ba mu wuri. Tun da aka fara shari'ar nan ban taɓa tambayarsa ba, don ina ganin tambayar ma cin fuska ce. Amma maganar Hajiya Larai ta tsaya mini a wuya. Na kalli bango, don ba na iya kallon idonsa, na ce, "Abin da suka ce, akwai shi?"

Ya ce, "Babu, Inna."

Na ce, "Ko kaɗan? Ko da sunan gaisuwa?"

Ya ce, "Ɗan kwangilar ya kawo, na ce ya mayar. Abin da ya ɓata masa rai ke nan."

Na tura masa ragowar sakwarar na ce, "To ci abinci."

Da safe ya riga mu fita tare da lauyarsa. Mu kuma muka kwashe kayanmu gaba ɗaya muka hau tasi, don daga kotu tasha za mu wuce, ko da Yaron ko babu shi. A ƙofar kotun mai gadi ya ce ba a shiga da jaka ko abinci. Hadiza ta ce in tsaya nan, ta juya da gudu ta bi mai tasin ta tsayar da shi kafin ya yi nisa, ta ba shi ajiya ya jira mu. Na tsaya. Ina ganin lauyoyi suna wucewa da sauri cikin baƙaƙen riguna, kowa da hular farin gashi kamar an ɗora masa bayan tunkiya, a wannan zafin. Hadiza shiru. Mutane suka fara raguwa a tsakar gidan.

Na matsa wajen mai gadin. Ba Bahaushe ba ne, Hausar bariki yake yi, ya mayar da ni namiji. Ya ce, "Mama, kai ka zo wajen wa?"

Na ce, "Wajen ɗana. Wanda aka wanke."

Ya ce, "Mama, duka mutane nan sun ce an wanke su. Mene ne suna nasa?"

Na ce, "Baban Hanifa ne. Mijin Hadiza nas."

Ya ce bai san su ba.

Na ce, "Dogo ne, mai furfura a gemu, ɗan marigayi Malam na Gyadi-Gyadi. Na rijiyoyi."

Ya ce, "Mama, ɗaki ba ɗaya ba ne nan. Ba suna, ba shiga. Kuma in alƙalai sun zauna, ni ba zan buɗe ƙofa ba." Ya dubi agogonsa.

Ku da kuka haihu a zamaninmu kun san abin da nake nufi. Ranar da aka raɗa masa suna ban amsa barka ba. Yana rarrafe ya doshi wuta, "kai" na ce, ban kira shi ba. A makaranta, a asibiti, a ɗaurin aurensa, kullum akwai wanda zai faɗa a madadina. Na waiga, babu kowa nawa. Na ce a raina, in za su tafi da shi yau, to ba zai waigo ya ga bencin babu ni ba. Na ja mayafi na rufe rabin fuskata, na faɗi sunan, cikakke, har da na mahaifinsa. Ban san da ƙarfi ya fito ba.

Sai na ji a bayana an ce, "Na'am, Inna."

Ashe ya ga mun daɗe ya fito nemanmu ta ɗaya ƙofar. Yana tsaye, babban mutum da furfurarsa, idonsa ya kawo ruwa. Na ce, "Ba da kai nake ba, da mai gadi nake. Wuce mu tafi." Hadiza ta iso tana haki muka shiga tare.

Shari'arsu ba irin tamu ba ce. A kotun alƙali ta unguwarmu ana kiran mai ƙara da wanda ake ƙara, kowa ya faɗi ta bakinsa, a kawo shaidu, a yi rantsuwa, wani lokaci har a yi cacar baki. A nan babu shaida ko ɗaya, ba wanda ya tambayi Yaron komai. An ce duk an gama wannan a takarda tun tuni, yau hukunci kawai za a karanta. Alƙalai uku suka shigo, ɗaya mace ce, kowa ya miƙe ya rusuna. Na tsakiyan ya sa tabarau ya yi ta karatu da Turanci, murya ɗaya ba hawa ba sauka. Ban ji ko kalma ba sai sunan Yaron da ke faɗowa jefi-jefi. Don haka sai na karanta ƙeyarsa. Na san ƙeyar nan tun tana da taushi. Ta sandare kamar icce, gumi na bin ta. Can sai na ga kafaɗunsa sun sauka a hankali. Sauran alƙalan biyu kowa ya faɗi 'yar gajeruwar magana. Hadiza ta matse mini hannu har zobena ya shige nama, ta raɗa mini, "Sun kori ƙarar, Inna. Sun ce hukuncin farko daidai ne."

Na ce, "Wato an ɗauraye."

A waje na ga abin mamaki. Lauyar Yaron, wata siririyar Bayarabiya da ta durƙusa mini har ƙasa, tana tafawa da lauyan hukuma suna dariya, mutanen da na zaci ko ga maciji ba sa yi. Lauyan hukumar ya ƙaraso ya tsuguna ya ce, "Inna, ina kwana?" da Hausar Kano tsantsa. Wai ɗan Tarauni ne, bayan kasuwa gidansu yake.

Na ce, "Kai ne mai son ɗaure mini ɗa? Wace ce uwarka a Tarauni?"

Ya yi murmushi ya ce, "Aiki ne, Inna. In muka ga hukunci bai gamsar da mu ba, sai mu kai gaba a sake dubawa. Wasu da ake saki sun ci ɗin."

Na so in yi masa tatas, sai mijin Hajiya Larai ya faɗo mini a rai, da ƙauyukan da aka ce an haƙa musu rijiya a takarda suna shan ruwan kududdufi. Na sa Hadiza ta karɓo samira wajen mai tasi, na buɗe na miƙa masa, na ce, "To an gama, ɗauki."

Ya sa hannu a ƙirji ya ce, "Ki yafe ni, Inna. Akwai sauran kotu ɗaya a sama, ban san abin da manyana za su ce ba. Ba zan ci alkakinki ba sai na tabbata mun rabu."

Na ce, "In kun rabu ka zo Gyadi-Gyadi ka tambayi gidan Inna mai wanki. In kuma ba ku rabu ba, ka ga hanya yanzu na san ta."

Alkakin a jirgi ya ƙare. Na bi kujera-kujera ina miƙawa, har mutanen da ba sa gaisuwa suka koyi cewa sun gode. Yaron ya ci guda uku, rabon da in ga yana ci haka tun kafin shari'a. Har yau dai ba mu ji an kai gaba ba, kuma an aiko masa ya koma bakin aiki bayan salla.

To kun ji yadda aka yi. Ban mari kowa ba, ba a kuma ba shi ƙarin girma ba, abin da na faɗa muku tun farko ba daidai ba ne, kunnena ne ya yi mini fassara. Leshin dai ya sha kallo a Abuja.

Muna dab da shiga Kano, Hadiza ta yi barci, Yaron ya matso ya ce ƙasa-ƙasa, "Inna, ɗazu a ƙofar kotu ban ji sosai ba. Me kika ce wa mai gadin?"

Na ce, "Ka ji abin da ka ji."

Malama Saude ma yanzu ta ɗaga biro tana kallona, wai in faɗa ta rubuta don labari ya cika. Ku duka kun san sunansa, kuna iya kira. Ni na kira sau ɗaya, ya amsa.